Kada Jan Tsumma Ya Shiga Madafa

Bismillahir Rahmanir Rahim.

Zuwa ga ɗana,

Sallama irin ta Musulunci, da gaisuwa mai yawa. Ina roƙon Allah takardar nan ta iske ka cikin ƙoshin lafiya. Ni ma lafiya lau nake, ban da gwiwar nan da ka sani. Allah ya tsare ka daga sharrin hanya, da sharrin mutum, da sharrin abin da ido ba ya gani.

Labari ya iske ni cewa kamfanin sharar da kake wa aiki ya damƙa maka tsabtar sansanin masu gyaran hanya can wajen Idles, madafa da ɗakunan kwana da makewayi duk a hannunka, har da mutane a ƙarƙashinka. Na kuma ji motar za ta tashi ran Asabar, kai kuwa ka ce ƙafarka ba za ta taka ta ba sai na sa maka albarka, in ba haka ba a ba wani aikin. To, na ji. Ban ce na ba ka ba, ban kuma ce na hana ba. Ka samu wuri ka zauna ka karanta tukuna. Ka yi haƙuri da rubutun, na yaƙi da jahilci ne, kuma abin da ke ciki bakina ba zai iya faɗa maka shi ido da ido ba.

Ka san abin da ya raba mu, amma bari in faɗe shi yadda ni na gan shi. Ranar nan a Kasuwar Assihar ta nan Tamanrasset na gama wanke katakon da mahauta ke sara nama a kai, na saɓa tsummana a kafaɗa na zo rumfar mai shayi, na tarar da kai kana jirana. Na ji daɗin ganinka, ko da ban nuna ba. Kofin da zan zuba maka shayi yana da ɗan ruwa a ciki, sai na ja tsumman zan share shi. Kai kuwa ka miƙo hannu ka zare shi daga hannuna, gaban ƴan Maraɗi da ƴan Agadas da duk wanda ke zaune, ka ce, "Baba, wannan ya taɓa ɗanyen nama. Baba Sale ya ce..." Ban bari ka ƙarasa ba. Na ce tunda kana da wani uban, ka je can ya zuba maka shayi. Ka tashi ka tafi, tun daga ranar ban sake sa ka a ido ba.

Maganar tsumma gaskiya ka faɗa, na san haka tun kafin ka rufe baki. Da a nan ka tsaya, da tsaki kawai zan yi in jefar da shi mu sha shayinmu. Sunan da ka kawo ne ya ƙona ni. Kishi nake yi, ga shi na rubuta. Ina kishin Sale Ɗan Tasawa, shugaban aikinku, kuma ba yau na fara ba. Ina kishin farar rigar aikinsa, ina kishin gidan da yake haya a unguwar Sersuf mai ƙofar ƙarfe, ina kishin yadda Larabawa ke miƙa masa hannu biyu. Duk waɗannan na iya haɗiye su shekara da shekaru. Wanda ya tsaya min a wuya shi ne in ji ɗan da na haifa yana ce masa Baba, har yana kawo min maganarsa kamar aya.

Mota ɗaya ta kawo ni da Sale daga Arlit, kan buhu ɗaya muka zauna har Tamanrasset, kana goye a bayan innarka a Matamai a lokacin. Sale bai san ta inda ake kama sandar goge ƙasa ba. Ni na samo mana aiki a wani otel, ni na nuna masa yadda ake matse tsumma, ni nake tashinsa in ya makara. In ka tambaye shi ba zai musa ba, wannan kam ba halinsa ba ne. Yau shi ke da mutane, ni kuwa ina bin rumfunan mahauta da bokiti. Ba asiri ya yi min ba, ko da na taɓa zargin haka. Bari in gaya maka inda muka rabu.

Ka san rijiyar unguwarmu a Matamai, ka san tsawon igiyarta. Mu da muka tashi muna jan ruwa a wurin, zubar da ruwa a wajenmu zunubi ne. Kakarka, Allah ya ji ƙanta, in ka wanke hannu ka watsar da ruwan sai ta make ka, don akuya na jira. Da wannan tarbiyyar na shiga otel. Bokiti ɗaya nake cikawa da safe, in zuba garin sabulu, in fara da makewayi saboda su ne suka fi wari kuma su mai otel yake fara leƙawa. Daga nan in bi ɗakuna, in bi zaure, in ƙarasa a madafa da ruwan nan dai da tsumman nan dai. Muddin akwai kumfa a sama, ni a ganina ruwan yana da sauran aiki. A lokacin ruwa sayensa ake yi a tanka, don haka mai otel yakan dafa kafaɗata ya ce bai taɓa samun mai tattali irina ba. Ni kuwa kaina ya yi ta kumbura.

Shi Sale an tura shi taimakon kuku, wani tsohon Balarabe daga arewa wanda ya taɓa dafa wa marasa lafiya abinci. Can ya kwaso iyayi, a faɗata ta lokacin. Wata safiya ya zo min da tsummoki kala-kala a hannu.

Ya ce, "Isufu, ga wannan ja na makewayi ne kaɗai. Kore na madafa, shuɗi na ɗakuna da tebura, rawaya na wurin wanke hannu. Kowane da bokitinsa. Kuma ka fara da madafa, makewayi ya zama na ƙarshe."

Na ce, "Tuta za mu ɗinka ko shara za mu yi?"

Ya ce, "Kuku ya ce ƙazantar da ke kwantar da mutum ba a ganinta. Tsumma ne ke ɗaukarta daga can ya kawo ta nan."

Na ce, "Sale, jiya-jiya na koya maka matse tsumma. Yau kai ne malamina?"

Ya ajiye min su a kan taga ya tafi. Na kai su ɗaki na yi matashin kai da su. Da wani ne ya kawo min maganar, ko jandarma ne ko mahaukacin kasuwa, da na saurara. Don ta fito daga bakin Sale na ƙi ta.

Ba a daɗe ba aka yi walimar aure a otel ɗin. Washegari mutane suka fara kwanciya, amai da gudawa, har da wata ƴar yarinya, jikar mai walimar, wadda sai da aka kwantar da ita a asibiti aka ƙara mata ruwa. Masu duba-gari suka zo. Suka buɗe firigon sanyaya abinci, suka shinshina nama, suka duba faratan kuku, ba su ga abin kamawa ba. Sai babbansu ya ce a kira mai shara ya nuna musu yadda yake aikinsa. Wallahi da fara'a na zo. Na cika bokitina, na ja su zuwa makewayi na wanke shi fes, na ɗauko bokitin suna biye da ni har madafa, na tsoma tsumman na matse na shimfiɗa shi a kan teburin da ake yanka salak da burodi. Sale yana bayansu yana ƙifta min ido, yana girgiza kai, ni kuwa na ɗauka baƙin ciki yake yi don an zo kallon gwanintata. Sai da na juyo na ga fuskar mai otel sannan na gane abin da na aikata. Aka rufe madafar na wani lokaci, aka sallame ni a ranar. Yarinyar ta warke, alhamdu lillahi, amma har yau in na ga yarinya mai irin shekarunta sai in kau da kai.

To, ka ji. A Idles ruwa zai fi nan wuya, na tabbata da tanka za a riƙa kai muku shi ta wannan mugunyar hanyar duwatsu. Za a samu wani mai riƙe da makullin tanka da zai ce kuna ɓarnar ruwa, kuma cikin mutanenka za a samu irina, ɗan rijiya mai zurfi, wanda zuciyarsa ba za ta bar shi ya zubar da ruwa mai kumfa ba. Kada ka zage shi, tarbiyya ce ta gari ta zo inda ba wurinta ba. Amma kada ka bar shi. Ruwan da ya gama ɗaki ɗaya ya gama aikinsa, a zubar a ramin ƙazanta, nesa da inda ake girki. In ruwa ya yi ƙaranci, a rage wankin mota da yayyafin tsakar gida, kada a rage na madafa. Ka fara daga wuri mai tsabta ka gangara zuwa mai ƙazanta, daga sama ka sauko ƙasa, kada ka koma baya da tsumman da ya riga ya wuce gaba.

Kayan makewayi kuwa, bokitinsa da sandarsa da burushinsa da jan tsummansa, ka yi musu ɗaki nasu, ko da akwati ne a bayan makewayin. Kada su kwana wuri ɗaya da na madafa, kada a shanya su a igiya ɗaya. Ranar da koren tsumma ya ƙare, a bar teburin a jiƙe iska ta busar da shi, ya fi a ce bari a ɗan ara ja sau ɗaya. Daga sau ɗayan nan ake farawa. Na san duk wannan Sale ya riga ya gaya maka, kuma ya fi ni iya tsara shi. Amma shi a bakin kuku ya ji, ni kuwa da idona na ga abin da yake jawowa.

Bayan otel na samu aiki a wani ƙaramin gidan likita. A can aka fara ba ni safar hannu ta roba, doguwa har gwiwar hannu. Na ji kamar an ɗaura min galan, igiyar girman soja, a kafaɗa. Tun safe in na zura ta ba na cirewa sai azahar. Da ita nake kwashe kwandon auduga mai jini, da ita nake murɗa hannun ƙofa, da ita nake tura keken marasa lafiya, in waya ta yi ƙara in ciro ta daga aljihu da ita. Abin dariyar, in lokacin salla ya yi sai in tuɓe kayan aikin nan duka, in yi tsarki, in sa wata riga da na ɓoye a leda, don ban yarda in tsaya gaban Ubangiji da abin da ya taɓa najasa ba. Na san najasa tana bin tufa. Ban taɓa kawo wa raina cewa tana bin hannun ƙofa ba. Wata ma'aikaciyar jinya, Batargiya, wato Buzuwa, mai jin Hausa, ita ta tare ni a baranda ta ce, "Baba Isufu, safar nan kai kaɗai take tsarewa. Mu da muke taɓa ƙofa bayanka fa?" Ita ban yi mata gardama ba, don ba Sale ba ce.

Saboda haka ka sa ido a kan safa fiye da hannu tsirara. Mai hannu tsirara yana jin danƙo ya je ya wanke, mai safa ba ya jin komai. In an gama makewayi a cire ta tun a bakin ƙofarsa, a wanke hannu da sabulu kafin a taɓa wani abu. Safar makewayi daban, ta madafa daban. Waya ta zauna a aljihu har a gama. Kuma ka sa a riƙa goge wuraren da kowa ke taɓawa ba wanda ke kallo: hannun ƙofa, kan famfo, maɓallin fitila, murfin firigo, hannun buta. Mutanenka masu salla ne galibinsu. In ka ce musu ƙwayoyin cuta za su gyaɗa kai su manta, amma in ka ce su ɗauki teburin abinci kamar tabarmar salla, za su gane. Wannan dabarar tawa ce, ba a bakin kowa na ji ta ba.

Sai maganar jabel, ruwan nan mai ƙauri da ake kashe cuta da shi. Na daɗe ina ɗauka in wuri yana ƙaurin jabel to ya tsarkaka. Sai in kwarara shi a kan maiƙo da jini in share nan take. Ashe a kan ƙazanta ba ya cin komai. Sai an fara wankewa da sabulu an ɗauraye, sannan a sa shi gwargwadon yadda aka rubuta a jikin jarka, a bar shi ya ɗan zauna kafin a share. Tsummokina kuma cikin ruwan bokiti nake barinsu su kwana, da safe suna wari in ce ai na jabel ne. A wanke su, a shanya su a rana su bushe ƙayau, rana dai ba a sayenta a ƙasar nan. Wanda ya tsufa a ƙone shi, kada a ce Allah ya hana almubazzaranci.

Wata rana kuma, don in burge masu gidan likitan, na haɗa jabel da ruwan nan mai cin tsatsar makewayi a bokiti ɗaya, na rufe ƙofa ina gurzawa. Hayaƙin da ya taso ya shaƙe ni, na fito da rarrafe ina tari kamar raina zai fita. Kada ka bari kowa ya haɗa waɗannan biyun, ko a bokiti ko a ramin makewayi. Da na kwanta jinya ka san wa ya riƙa kawo min fura da magani? Sale. Ina sha ina jin haushinsa. Ka ga irin uban da Allah ya ba ka.

Akwai wani kuskuren da ban taɓa gaya wa kowa ba don a lokacin ban ɗauke shi kuskure ba. Sau da yawa na je aiki cikina yana gudu. Baƙo a ƙasar mutane ba ya cewa ba shi da lafiya, don kafin ya warke wani ya ɗauki bokitinsa. Sai in ɗaure ciki da rawani in shiga wurin abincin mutane ina goge-goge. Allah kaɗai ya san waɗanda na kwantar ban sani ba. Yaran da za a ba ka haka za su yi, ƴan Damagaram ne da ƴan Tawa masu tsoron kora. Ba za su faɗa maka ba. Kai za ka lura da wanda ke yawan zagayawa, da wanda leɓensa ya bushe. Ka cire shi daga madafa ka ba shi sharar fili har ya warke, kuma kada ka bari a taɓa abincinsa ko ladansa saboda haka. In ka kori na farko da ya faɗa maka gaskiya, na biyu ba zai faɗa ba, kuma sansanin duka tukunya ɗaya yake ci. Can ba kamar nan ba ne da asibiti ke kusa.

Cikin mutanenka kuma za a samu wanda ya girme ka, mai furfura, wanda ya fara shara tun ba a haife ka ba. Za ka gan shi da tsumma ɗaya a kafaɗa yana share komai da shi. Dole ka raba shi da tsumman, wannan ba sulhu a ciki. Amma ka ja shi gefe, bayan tanka ko bayan mota, inda ba kowa. Ka gaishe shi tukuna. Kuma ka faɗa masa da sunan kanka, kada ka ce wane ya ce. Tsoho yana iya haɗiye gyaran yaro, abin da ba ya iya haɗiyewa shi ne a nuna masa cewa sa'ansa ya fi shi a gaban jama'a. In ya yi maka tsawa ka yi shiru ka bar masa koren tsumman a kusa, wataƙila shi ya fi ni hankali.

Yanzu saura babban. Kai ne ɗan farina. A gidanmu uba ba ya kiran sunan ɗan fari, ba ya wasa da shi, ba ya yabonsa a gaban mutane. Haka ubana ya yi min, haka na yi maka, kuma ban ce al'adar banza ce ba. Amma a Matamai akwai kakanni da baffanni da gwaggwanni masu cike wannan gurbin. A nan ba kowa. Ranar da ka sauka a Tamanrasset, saurayi, ƙura har cikin kunne, na dube ka na ce, "An iso?" na ɗauki jakarka na yi gaba. Zuciyata kamar ta fashe don murna, amma abin da ka samu ke nan. Da yamma Sale ya zo, ya kira sunanka tun daga bakin ƙofa, ya rungume ka, ya ce ka yi kama da kakanka, ya ja ka ya saya maka takalmi. Ina zaune ina kallo. Na ga yadda fuskarka ta buɗe masa.

Na yi ta yawo da kai rumfunan mahauta kana riƙe min bokiti, ban taɓa ce maka ga dalilin kaza ba, don ni a wurina yaro da ido yake koyo. In ka yi tambaya in ce ka cika surutu. Sale kuwa in ka tambaye shi abu ɗaya sai ya zaunar da kai ya ba ka amsa har da ta gobe. Da ya ce in ba shi kai ya sa ka cikin mutanensa, na ce a'a. Da ka je da kanka, na yi kamar ban sani ba. Na riƙa cewa a kasuwa Sale ya sace min ɗa. Ba sata ya yi ba, a bakin hanya ya tsince ka inda na ajiye ka. In Allah ya ba ka naka ɗan, ka kiyaye kunya yadda ta kamata, amma ka duba ko akwai mai cike gurbin, in babu ka cike shi da kanka.

Sale ne ya zo ya gaya min maganar tafiyarka. Ya iske ni ina wanke wuƙaƙen mahauta, ya tattara farar rigarsa ya tsuguna kusa da ni a cikin wannan ƙarnin.

Ya ce, "Isufu, yaron nan ya ƙi tafiya."

Na ce, "Ina ruwana? Ɗanka ne."

Ya ce, "Ya ce sai ka sa masa albarka."

Na ce, "Kai ka sa masa mana. Bakinka ai ya fi nawa tsarki."

Ya ce, "Na sa masa. Ya ce ya gode, amma tawa ba ita yake jira ba. Isufu, in bai hau motar nan ba zan ba wani, ba ni da yadda zan yi. Irin wannan aikin ba ya zuwa wa ɗan Nijar sau biyu."

Na ci gaba da wanke wuƙaƙena, ya gaji ya tashi. Amma bari in gaya maka abin da na ji a raina, don na yi alkawarin ba zan ɓoye maka ba. Daɗi na ji. Daɗi irin wanda na daɗe ban ji ba. Ga abu ɗaya a duniya da nake da shi Sale ba shi da shi, ga shi ya zo ya tsuguna a gabana yana roƙo. Na koma ɗaki ina taka ƙasa kamar gwiwata ta warke. Na ce bari in bar shi ya sake dawowa, ya sake tsugunawa. Kwanaki na yi ina tauna wannan daɗin, ina leƙen hanya ko zan hango farar riga.

Jiya bayan la'asar ina zaune a masallaci sai lissafin ya juye min. Na tambayi kaina, wa ke biyan kuɗin wannan daɗin da nake ji? Sale ba abin da zai rasa, ran Asabar zai sa wani yaro a mota ya koma gidansa ya ci tuwo. Kai ne za ka rasa. Na taɓa ƙin gaskiya don ta fito daga bakinsa, ƴar mutane ta kwanta asibiti. Yanzu kuma ina shirin riƙe arzikin ɗana a hannu don in ga Sale a tsugune. Na ji kunyar da ban ji irinta ba ko ranar masu duba-gari. Na tashi na sayi takarda.

To, ga ta. Na sa maka albarka, duniya da lahira. Na yafe maka abin da ya faru a kasuwa, ko da yake ba ka yi laifin da ya kai a yafe ba, kai ma ka yafe min maganar da na faɗa. Ka hau motar nan ran Asabar. Kada ka zo yi min sallama, na san halina, in na gan ka fuskata za ta ɗaure, bakina ya ɓata abin da na sha wuya na rubuta. In ka isa ka kira innarka a Matamai ka gaya mata, sannan ka kira ni. Ko na ce "To" kawai na kashe, ka san na ji.

Allah ya kai ku Idles lafiya, ya sassauta muku duwatsun hanya. Allah ya sa kada wani ya kwanta ciwo ta dalilin hannunka ko hannun waɗanda ke ƙarƙashinka. Allah ya haɗa ka da masu jin magana, ya ba ka haƙurin zama da marasa ji. Ya tsare maka sallarka da mutuncinka, ya dawo da kai kana abin alfahari.

Takardar nan a hannun Sale za ta iso maka. Na zauna na yi tunanin wanda zan ba, sai na ga ban ma san ɗakin da kake kwana ba, shi kuwa ya sani. In na ninke ta zan taka har Sersuf in ƙwanƙwasa ƙofar ƙarfen nan, wadda ban taɓa ƙwanƙwasawa ba, in ce masa ga amana. Ka ci gaba da jin maganarsa, ya san aikin, kuma yana ƙaunarka. Shi ma Allah ya saka masa da alheri. Wannan addu'ar da ƙyar ta fito, amma ta fito.

Wassalam.

Mahaifinka,
Isufu